Musayar Waƙa: Morricone da Kiɗan Fim a Jos

Mai Fiyano, Unguwar Rogo:
Sallama gare ku, 'yan situdiyo,
Yau mai tsara kiɗan fim Ennio Morricone za mu sa a faifai.
A Rum aka haife shi, shekarar 1928,
Busar ƙaho ya gada wurin uba tun fari.
Shi da darakta Sergio Leone ajinsu ɗaya a makaranta,
Girma ya sake haɗa su a fim ɗin kaboyi.
Kuɗin tara makaɗa da yawa babu,
Sai fito, sai bulala, sai ƙarar harbi.
Jitar lantarki ta cike giɓin,
To wa zai ƙara mana bayani?

Edita, Farar Gada:
Yaya Mai Fiyano, ka tsallake babba,
Kiɗan nasa kan riga kyamara zuwa.
Leone kan kunna shi a wurin ɗauka,
'Yan wasa su yi taku a kan amonsa.
Mu nan sai an gama yanka fim,
A ce wa makaɗi jibi za a kai kasuwa.
Ya ɗora bugu 120 a minti,
Hoto na tafiya firem 24 a daƙiƙa.
Duk bugu ɗaya firem 12 ke nan,
Lissafin bai da wata wahala.
Darakta ya dawo ya zare firem shida,
Kalangu ya faɗi bayan an rufe ƙofa.
A kulle hoto, kowa ya sa hannu,
Kafin makaɗi ya taɓa ganga.

Anti Mai Haɗa Sauti, Rikkos:
Ƙanena Edita, da sauran aiki,
Ko hoto ya kullu, kunne na nan.
Sarewa da muryar mace hanyarsu ɗaya,
Ka haɗa su, ba mai jin zancen nan.
In jaruma ta buɗe baki,
Sarewa ta dakata daga nan.
Sautin fim a kilohaz 48, ma'aunin saurin ɗaukar sauti, ake fitarwa,
Ka ba da 44.1, ka jawo rikicin nan:
In manhaja ba ta juya shi ba,
Ya yi gudu, ya sirance nan da nan.

Baffa Mai Goge, Gangare:
'Ya'yana, duk kuna wajen na'ura,
Shi kuwa a tebur yake rubutu.
Takarda da alƙalami, ba fiyano,
A kansa yake jin yadda za su haɗu.
Fim fiye da 400 ya yi wa kiɗa,
Oscar ta girmamawa a 2007 ya samu,
Ta gasa kuwa sai 2016,
A 2020 ya rasu.
Ya taɓa raba karin kiɗa guda,
Ya bai wa 'yan wasa uku,
Kowa da abin da ke rera nasa,
Ka san mai shigowa ko idonka bai buɗu.
Ku ba jarumi gurmi, mugu algaita,
Ku daina zuba fiyano ko'ina, ku huta ku.

Anti Mai Haɗa Sauti:
Baffa, na yarda, amma algaita
Ƙaramin ɗaki ba ya ɗaukar ta.
A ja makirfo baya taku uku,
A rataya bargo a bango kafin a busa ta.