Neman kalma: me za mu kira littafin da ake gyaran mota da shi?

Mai buɗe zance, Yamai:
Salamu alaikum jama'a. Akwai littafin da masu son taɓa motarsu da hannunsu ke nema, Faransawa na ce masa *manuel d'atelier* ko *revue technique*, masu Ingilishi kuma *service manual*. Da Hausa ba shi da tsayayyen suna. In ka ce "littafin mota", abin da zai zo wa mutum a rai shi ne ɗan ƙaramin nan da ke kwana a akwatin gaban mota, mai nuna inda ake kunna fitila da yawan iskar taya. Ba shi nake nufi ba. Ina nufin babban, wanda ke faɗa maka wane bulon za ka fara kwancewa, da wane kile, da ƙarfin da za ka ɗaure shi in ka mayar, har da zanen wayoyin lantarki kala-kala. Ina son suna wanda zai raba su. Bisimilla.

Tsohon makanike, Tawa:
Wa alaikumus salam ɗana. Mu tun zamanin Peugeot 504 "rebi" muke cewa, kuma ba mu taɓa ɓata ba. Mi za a yi da sabon suna?

Mai buɗe zance:
Baba, Allah ya ƙara girma. Rebi ta yi aiki a garaj, ba musu. Matsalarta sunan littafin gida ɗaya ne. Revue Technique Automobile mujalla ce da ake bugawa a Faransa tun 1946, kowace fitowa ta ɗauki mota ɗaya ta feɗe ta. Wanda ya sayo mota daga Amurka ko Dubai ba lalle ya samu rebinta ba, sai dai littafin kamfanin da ya ƙera ta, ko na Haynes ƴan Ingila, waɗanda suka yi suna da wargaza mota gaba ɗaya su sake haɗa ta suna ɗaukar hoto. Kuma ɗan'uwanmu na Sakkwato ko Katsina, da muke saye da sayarwa da shi ta Ƙonni da Maraɗi, in ka ce masa rebi sai ya tsaya kallonka.

Malamin lakwal, Tawa:
Ni ina ganin "jagoran gyaran mota". Jagora kalma ce da kowa ya sani, an daɗe ana sa ta a kan littattafan koyarwa, jagoran malami, jagoran ɗalibi.

Wata ma'aikaciya, Yamai:
Malam, da izininka, jagora ya fi dacewa da ƙaramin. Shi ne ke kama hannun sabon direba ya nuna masa maɓallai. Babban ba ya lallashin kowa. Na buɗe na motata a waya, shafi bayan shafi lambobi ne da zane, yana ɗauka ka riga ka san mene ne kulas, wato kan inji, kafin ka zo.

Ɗalibi a Jami'ar Abdou Moumouni:
A bar shi a sauƙaƙe mana: littafin gyara. Ko littafin makanike.

Mai buɗe zance:
Ƙanena, "littafin makanike" shi ne na farko da zan ƙi, don yana korar wanda muke magana dominsa. Mutumin da ke son ya yi bidanj da kansa ran Lahadi, ya canza buji da matatar iska, in ya ji littafin na makanike ne sai ya ce ba nasa ba ne. "Littafin gyara" ba shi da laifi, sai dai ya yi sako-sako: kowane ɗan littafin koyon kanikanci na gaba ɗaya zai shige ciki, alhali abin da ya bambanta namu shi ne na mota ɗaya ne tak.

Ga abin da nake kawowa: kundin gyara.

Dalili na farko siffa ce. Kundin malam ba a karanta shi daga bango zuwa bango. Ana buɗe shi ne lokacin da buƙata ta taso, a nemo wurin da ya dace, a ɗauki adadin da aka rubuta ba ƙari ba ragi, a rufe. Haka ake amfani da wannan. Kalmar kuma ta riga ta fito daga zauren malamai, muna cewa kundin tsarin mulki, ɗalibai na rubuta kundin kammala karatu, ba wanda ke jin baƙon abu.

Dalili na biyu shi ya fi mini nauyi. In ka ce "kundin gyara" ka yi shiru, bakinka da kansa zai ji maganar ba ta ƙare ba: kundin gyaran me? Dole ka ƙarasa. Kuma a nan yawancin masu nema ke faɗuwa. Ku duba Corolla ta 1998. Wadda ta shigo daga Turai mai lita 1.6 injinta 4A-FE ne, kuruwa gare shi mai daidaita juyin inji, ta roba, wadda ake canzawa in lokacinta ya yi. Wadda ta shigo daga Amurka a shekara ɗaya injinta 1ZZ-FE ne, 1.8, sarƙa gare shi. Suna ɗaya, shekara ɗaya, ciki daban. Wanda ya sauke "littafin Corolla" kawai daga intanet ya bi shi, zai iya kwance gaban inji yana neman abin da babu. Hilux ma haka, akwai mai inji 2L, mai 3L, mai 5L (lambobin inji ne, ba lita ba), ga masu esansi. Don haka cikakken suna shi ne kundin gyaran Corolla ta 1998, inji 4A-FE. Lambar inji tana kan farantin da ke jikin mota, lambar shasi mai gurbi 17 kuma tana kan karti giris da ƙasan gilashin gaba a motoci da yawa. Da su ake nema, ba da launin mota ba.

Malamin lakwal:
Hujjar ta zauna, amma ina da tsoro ɗaya. Kundi a kunnen mutanenmu yana ɗauke da asiri, abin da ake ɓoyewa a gafaka. Kada a ɗauka wani sirri ne da ba a ba kowa.

Tsohon makanike:
To ai Malam gaskiya ce, ɓoye shi akai! Maigidana a kabad yake kulle nashi, mu yara sai dai mu hango. Abin da na sani shi ne wannan: juwan kulas, wato shimfiɗar da ke tsakanin kan inji da gangar jikinsa, nawa suka ƙone a garin nan don an ɗaure da ƙarfin damtse. Littafin ya ce ka fara daga bulon na tsakiya kana fita waje, zagaye biyu ko ukku, da kile mai awo. Yaro ya fara daga gefe ya taka da ƙafa, bayan wata ɗaya ruwa ya haɗu da mai. In kundi zai sa su buɗe shi, ku ce kundi.

Mai buɗe zance:
Malam, har yau ma akwai ƙamshin gaskiya a tsoron naka. Kamfanoni irin su Toyota da Peugeot sun mayar da nasu intanet, sai ka biya kuɗin shiga na awa ko na kwana kafin ka gani. Waɗanda ke yawo kyauta a WhatsApp kuwa wani rabinsa ya ɓace, wani da Rashanci yake, wani na motar da tuƙinta ke hannun dama ne. Abu biyu nake roƙon mai saukewa ya duba. Awo: na Turai da Japan da Nm suke rubuta ƙarfin ɗauri, na Amurka sau da yawa da lb-ft, kuma ɗaya na lb-ft ya kai kusan 1.36 Nm, wanda bai juya ba zai ɗaure ƙasa da ƙa'ida. Nisa ma da mil suke ƙirgawa, kilomita 1.6 ke nan. Sai jadawalin kula: kusan kowane kundi na da layi biyu, na tuƙin yau da kullum da na yanayi mai tsanani. Da ƙurar hunturu da zafin Afrilu da hanyar laterit, mu layi na biyu ne namu, ko motar ba ta taɓa fita Yamai ba.

Wata ma'aikaciya:
Yaya, to wanda ke cikin waya fa, ba takarda ba bango, shi ma kundi ne?

Ɗalibi:
Kundin da zan miƙa a jami'a ma a kwamfuta yake, ba wanda ya canza masa suna. Na janye tawa. Jam'i kundaye ke nan, kundayen gyara.

Malamin lakwal:
Na yarda, da sharaɗin a bar mini jagora ga ƙaramin: jagoran direba. Na ukun da ake buga wa hatimi bayan kowane bidanj kuwa "karne" kowa ke ce masa, a bar shi yadda yake.

Mai buɗe zance:
An ba ka, Malam. Abu ɗaya zan ƙara don kada wani ya sha wahala: in za ka nema a intanet, har yanzu da sunan Faransanci ko na Ingilishi za ka rubuta, ka bi shi da shekara da lambar inji. Kundin gyara na tsakaninmu ne, a rubutu da rediyo da wurin mai piyas.

Tsohon makanike:
Ni dai a garaj rebi zan ci gaba da cewa, bakina ya tsufa da ita. Yaran in sun ce kundi zan miƙo masu, amma su wanke hannu tukuna.