Don Allah a taimaka, ya za mu ce "food tour" na Chinatown da Hausa? Gobe zan ɗauki shiri

Ƴar Rediyo:
Assalamu alaikum jama'a. Agaji nake nema cikin gaggawa, gobe ƙarfe 10 na safe zan shiga sutudiyo ɗaukar shirinmu na yawon buɗe ido kuma abu ɗaya ya tsaya min a wuya. Wannan makon birnin San Francisco na jihar Kalifoniya a Amurka za mu leƙa, unguwar nan ta 'yan Chaina da ake ce wa Chinatown. Akwai wani abu da suke yi a can wai food tour, wato ku kamar goma ku biya kuɗi, wani wanda ya san unguwar ya shige gaba kuna bin sa a ƙafa, nan a tsaya gidan burodi a ɗan ci wani abu, can a tsaya wajen masu ganyen shayi a kurɓa, kuna tafe yana ba ku tarihin wurin, awa biyu zuwa uku an watse. To sau tara abin nan ya fito a takardata kuma minti 15 kacal gare ni, ba zai yiwu kowane karo in tsaya ina wannan dogon bayanin ba. Na rubuta "yawon cin abinci" oga ya ce kamar masu bin gidan biki ba gayyata. Me zan ce?

Ɗan Kwari:
Yawon buɗe baki mana. Tunda akwai buɗe ido ai sai a yi buɗe baki, magana ta ƙare.

Hajiyar Tudun Wada:
Kai Ɗan Kwari, buɗe baki ai azumi ya riga ya ɗauke. Mai sauraro zai zaci shan ruwa ake bi gida gida. Ƙanwata ki ce yawon ɗanɗano, gajere ne kuma ya hau baki.

Ɗan Kwari:
Hajiya ɗanɗano kuma? A garin da ake wa'azi kan auren ɗanɗano? Wlh ta faɗi haka a rediyo wayar tashar sai ta yi zafi hhhh

Malamin Hausa:
Wa alaikumus salam. Ni a ganina rabin matsalar a "yawo" take. Ku duba abokan tafiyarsa: yawon banza, yawon dandi, yawon ta zubar, yawon duniya. Yawon Sallah da yawon buɗe ido ne kawai suka tsira da mutuncinsu. Rangadi na sarki ne ko gwamna. Tattaki akwai wahala a ciki, yanzu ma har ya fi karkata ga masu zanga zanga. Ziyara kuma wuri ɗaya ake zuwa a zauna. Abin da ya rage shi ne zagaye, kuma shi ne ainihin abin da ake yi. Sannan kada ki ɗaura masa suna, ki sa aikatau da karɓau ɗinsa: zagayen ɗanɗana abinci. Da zarar "abinci" ya fito fili, fassarar su Ɗan Kwari ta mutu. Wanda ke gaba kuma jagora ne, ba gaid ba. Abu na ƙarshe, don Allah ki daina cewa 'yan Chaina a rediyo. Sinawa. Ƙasar Sin. Unguwar Sinawa.

Ƴar Rediyo:
Na gode Malam, Allah ya ƙara ilimi. Ya ɗan yi tsawo amma zan gwada a baki in ji.

Ɗan Zango Kumasi:
Ku tsaya tukuna kafin a shafa fatiha. Kun bar babbar magana kuna ta fama da ƙarama. Chinatown ba unguwa ba ce, zango ce. ZANGON SINAWA. Mu a nan Gana duk garin da ka shiga akwai zango, Kumasi akwai, Ankara akwai Sabon Zango, inda kakanninmu fatake masu goro suka sauka har suka zama 'yan gari amma har gobe da masallacinsu da waina da koko da yarensu. To me ya raba su da mutanen nan? Baƙi ne suka zo neman zinariya a Kalifoniya tun wajen 1849, suka yi aikin layin dogon da aka haɗe a 1869, da aiki ya ƙare aka juya musu baya har aka yi dokar 1882 ta hana ma'aikatansu shiga Amurka, ba a soke ta ba sai 1943. Suka dunƙule wuri ɗaya don su tsira da abincinsu da harshensu. In wannan ba zango ba ne a gaya min mene ne zango. Unguwa ai kowa na da ita, ba ta faɗin cewa baƙi ne.

Hajiyar Tudun Wada:
Gaskiya ɗan'uwa maganarka ta shiga raina.

Malamin Hausa:
Tarihin da ka kawo daidai ne, amma shirin ba a Kumasi za a saurare shi ba. A kunnen mutumin nan zango wurin yada zango ne, a kwana a wuce, ko zangon karatu, ko sunan gari irin Zangon Daura da Zangon Kataf. Ka ce zangon Sinawa zai ɗauka inda injiniyoyin titi suka ajiye kwantenoninsu ne a bakin hanya.

Ɗan Zango Kumasi:
To ai ga ta nan. Kullum haka kuke yi, in kalma ba ta bi ta Kano an buga mata hatimi ba to ba Hausa ba ce. Mu da muka riƙe harshen nan shekara sama da ɗari a tsakiyar Asante sai a ce Hausarmu ta bakin hanya ce.

Malamin Hausa:
Ban ce haka ba. Ni ma ba Bakano ba ne.

Ɗan Damagaram:
Ai gara da ka faɗa musu ɗan Gana. Mu nan Nijar Shinuwa muke ce musu tun fil azal kuma kowa na ganewa daga Maraɗi har Agadas, amma ka rubuta haka nan wurin sai a ce Faransanci ne ka gyara. Su kuma su ce Chaina babu mai magana.

Ɗan Kwari:
A kasuwa dai ɗan Chaina muke cewa, shekarata nawa ina hulɗa da su ban taɓa jin yaron shago ya ce ga Basine nan ya zo ba. Sinawa a rediyon Beijing kawai nake ji. In kuma baƙunta ake so a nuna sai a ce Sabon Garin Sinawa, mu a nan ai Sabon Gari ne mazaunin baƙi.

Baƙon Okland:
Salam. Sabon Gari kam a'a, ita ce Chinatown mafi tsufa a duk Amurka ta Arewa. Ni gada ɗaya ce tsakanina da wurin kuma na taɓa bin irin wannan zagayen da wasu baƙi da suka zo min daga gida, bari in gaya wa Malama abin da na gani ko zai taimaka mata zaɓen kalma. Mun taru ne a ƙofar nan mai koren rufi da ake ce wa Dragon Gate a bakin titin Grant, 1970 aka buɗe ta. Jagorarmu wata dattijuwa ce haihuwar unguwar, abu na farko da ta gaya mana shi ne gine ginen nan masu lanƙwasasshen rufi da kowa ke ɗaukar hoto, bayan girgizar ƙasar 1906 aka yi su, da gangan don a jawo baƙi kuma kar a tashi unguwar daga wurin, Turawa ne ma suka zana su. Titin Grant na masu kyamara ne. Kasuwar gaske tana titin Stockton, layi ɗaya sama, nan za ka ga agwagi gasassu a rataye ta wuya a bayan gilashi suna ɗigar mai, kifi da ransa a cikin ruwa, tsofaffi mata da kekunan cefane suna ture ka ba ko sannu, wlh kamar Kasuwar Rimi ana jajiberin Sallah. Daga nan ta kutsa da mu wani lungu, Ross Alley, da kaina ko shekara zan yi ba zan gano shi ba. Wani ɗan shago ne tun 1962 suna yin biskit ɗin nan mai 'yar takarda a ciki, mata na zaune gaban inji, faifan biskit na fitowa da zafi suna cafkewa su sa takarda su naɗe kafin ya sandare, hannu kamar walƙiya. Kuma wai abin ma ba daga Sin ya zo ba, asalinsa na Japanawa ne. To shi ya sa nake cewa kar ki yar da jagoran nan a fassararki, shi ake biya ba abincin ba, da ɗan gari akan ci gari. Ɗanɗana ma daidai ne don loma bibbiyu ake ba ka, sai dai kafin a gama cikin ya cika.

Sannan don Allah ki ja kunnen masu sauraro. Rabin abin da aka miƙo mana ban taɓa ba. Farin burodin nan da ake turarawa alade ne a cikinsa, wasu kayan fulawar ma da kitsensa ake kwaɓawa. Tun wajen biyan kuɗi ake faɗa musu.

Ɗan Kwari:
Wannan gaskiya ne. Mu in mun je birnin Guanzu na Chaina sari, unguwar Shiyawbe muke sauka, wajen masu taliyar Lanzhou muke ci don Musulmi ne, ka ga ana ja da hannu ana kaɗawa a gabanka.

Ɗan Zango Kumasi:
Kun ji ko? Lungu, kasuwa, dattijuwa haihuwar wurin. Zango sak. Ni zan ma ƙara gaba, duka abin a kira shi "cin zango". An je cin zangon Sinawa. Kalma biyu, ta haɗe tafiyar da abincin da wurin.

Hajiyar Tudun Wada:
A'a ɗan'uwa nan kuma ka zarce. Cin zango ai nisan tafiya ne, mota ta ci zango. Zangon Sinawan dai na yarda, wannan ban bi ka ba.

Malamin Hausa:
Abin da ke damuna shi ne kasala. Yau a ce fud tuwa, gobe gaid, jibi Chainataun, a haka harshe ke zama kwandon shara. Muna da kalmominmu tsarkaka, Sin tana cikin littattafan malamanmu tun kafin Bature ya zo.

Baƙon Okland:
Allah ya gafarta Malam, Sin ɗin ai daga Larabci muka aro. Kuma shayin da Malam zai sha anjima, sunansa daga wajen mutanen nan ya taso, cha, ya bi ta Farisa da Larabawa ya iso mana. Ɗan ciye ciyen safen nan nasu na dim sum, zuwa cinsa "yam cha" suke cewa, shan shayi ke nan ba ƙari. Ita kuma awara da ake soyawa a ƙofar gidan kowa ai tofu ce.

Malamin Hausa:
Aron da ya kwana ɗaruruwan shekaru daban, wanda aka ɗauko jiya a Facebook daban. Kuma awara tamu ce.

Ɗan Damagaram:
Waken suyan ma naku ne ko Malam? hhh

Ƴar Rediyo:
Yayyena don Allah, ƙarfe 11 ta wuce ban buga takarda ba. Ga abin da zan yi. Karon farko zan ce "zagayen ɗanɗana abinci a ƙafa tare da jagora", sauran takwas ɗin "zagayen ɗanɗane ɗanɗane" ko kawai "zagayen". Wurin kuma unguwar Sinawa, Chinatown sau ɗaya a farko don masu neman ta a intanet. Yaya na Kumasi, zan ce "kamar dai zangon Hausawa a Gana" wajen bayanin tarihi, don gaskiya ta fi komai saurin fahimtarwa.

Ɗan Zango Kumasi:
Wato an mayar da ni misali. Ba komai. Ni dai a nawa rubutun zangon Sinawa zan ci gaba da sawa, mu ga wadda za ta rayu.

Malamin Hausa:
Ɗanɗane ɗanɗane bai kai nawa tsafta ba amma nahawunsa bai karye ba. Ki sa karan ɗori a tsakani in za ki rubuta.

Ƴar Rediyo:
To Malam. Saura dim sum, sau uku ya fito.

Ɗan Kwari:
Ɗanwaken Chaina.

Hajiyar Tudun Wada:
Ɗanwake da nama a cikinsa? Ƙanwata bar shi dim sum ɗinsa ki je ki kwanta.