Neman shawara: fim ɗin da nake son haɗawa da muryar kakarmu

Mai tambaya, daga Jidda:
Assalamu alaikum. Sana'ata ɗaukar bidiyon biki ce, amma abin da ke raina shi ne fim na gwaji, wanda babu jarumi a cikinsa kuma babu labarin da ake bi daga farko zuwa ƙarshe. Na ɗauki lungunan unguwannin Hindawiyya da Sabil a nan Jidda kafin rusau ɗin da ya soma a ƙarshen 2021, kuma ina so in ɗora wa hotunan muryar kakarmu, Allah ya jiƙanta, daga kasakasan da take aika wa dangi a Kano ta hannun alhazai, waɗanda aka dawo mana da su bayan rasuwarta. Baffana ya ce bai yarda baƙi su ji muryar mahaifiyarsa ba. Shin in ci gaba? Kuma a ina ake nuna irin wannan aiki?

Wata dattijuwa, daga Makka:
Wa alaikumus salam, ɗana. Baffanka yana da hujja, domin irin wannan kaset wasiƙa ce, kuma mu da muka aika irinta mun san cewa a ciki ake faɗin bashi, da rashin lafiya, da saɓanin aure, abubuwan da ba a yi su don kunnen duniya ba. Ka zaɓi wuraren da take gaisuwa ko take kwatanta unguwa, ka kai masa gida ya saurara shi kaɗai, ba a gaban taro ba. Idan ya ƙi bayan ya ji, ka haƙura, ka yi fim ɗinka da sautin unguwar.

Wani mai tace bidiyo, daga Riyad:
Na goyi bayan Hajiya. Ƙanena, ko da fim ɗin bai yiwu ba, ka gaggauta kwashe sautin zuwa kwamfuta a tsarin WAV, wanda ba ya rage ingancin sauti, ka ajiye kwafi biyu a wurare daban, saboda zafi da laimar Jidda suna cin zaren kaset. Sannan ka sake duba fuskokin da ka ɗauka, domin dokar laifukan intanet ta Saudiyya ta 2007 ta tanadi ɗauri har shekara guda da tara har riyal 500,000 ga wanda ya keta sirrin mutane da kyamarar waya. Wanda ba ka samu yardarsa a rubuce ba, ka cire shi.

Game da nunawa, ko da yake an sake buɗe silima a ƙasar nan a 2018, gidajen kallo na kasuwa ba su ne wurin aikinka ba. Bikin fina-finai na Red Sea, wanda aka fara a garinku a Disambar 2021, yana da gasar gajerun fina-finai, haka ma bikin Oberhausen na Jamus, wanda tun 1954 ake yin sa kuma ya saba da aikin gwaji. Ka karanta sharuɗɗan kowanne a kan ɗan ƙasa da mai iƙama, wato takardar izinin zama, kuma kada ka sa fim ɗin a YouTube tukuna, domin bukukuwa da yawa suna son su fara nunawa. Aikinka na ɗaukar bidiyon biki kuwa kada ka sake shi, irin wannan fim ba kasafai yake mayar da kuɗinsa ba.

Mai tambaya:
Na gode, Hajiya, na gode, Yaya. Ranar Juma'a zan je wurin Baffa da ɓangaren da take lissafa maƙwabtanta gida gida, kuma hukuncin da ya yanke shi zan bi.