Shin fitowa a shirin Big Brother Naija sana'a ce ta dogaro?

Ɗan Zazzau:
Assalamu alaikum. Ina neman ƙarin haske game da matasan da ke shiga shirye-shiryen talabijin irin Big Brother Naija, inda ba a ba su rubutaccen labari, ba sa kuma kwaikwayon kowa, sai dai a tara su a gida ɗaya kyamarori suna ɗaukarsu dare da rana. Shin mutum zai iya dogara da wannan a matsayin sana'a, ko kuwa suna ne da ke gushewa da zarar an rufe gidan?

Malam Garba:
Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Shirin kansa ba ya ciyar da kowa, domin makonni kaɗan ake yi a watse. A zagayen farko na 2006, Katung Aduwak, ɗan jihar Kaduna, shi ya lashe gasar, amma a ganina wanda ya fi cin moriyarta shi ne Ebuka Obi-Uchendu, wanda aka fitar tun kafin a kai ƙarshe. Ebuka lauya ne mai iya magana, don haka ya rungumi gabatar da shirye-shirye, har da Rubbin' Minds a tashar Channels, kuma da aka dawo da gasar a 2017 shi aka damƙa wa gabatar da ita.

Hajiya Umma:
Malam Garba, maganarka haka take, kuma Bisola Aiyeola ma shaida ce. Ta zo ta biyu a 2017, amma ta daɗe tana waƙa da wasan kwaikwayo kafin ta shiga gidan, shi ya sa da ta fito ba ta rasa abin yi ba. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a ce halin mutum na gaskiya muke gani, alhali masu shiri ne ke tsara ayyukan kowace rana, ɗan takara kuma ya san ƙuri'ar masu kallo ce za ta bar shi a gidan ko ta fitar da shi.

Baban Khalifa:
Hajiya, a Amurka akwai wadda fitowar kanta ta zame mata sana'a, wato Kim Kardashian, wadda shirin iyalinsu ya gudana a tashar E! daga 2007 zuwa 2021. Sai dai ita tana cikin masu shirya shirin, tana da ta cewa kan abin da za a nuna, kuma ta yi amfani da sunan da ta samu ta kafa kamfanin tufafi na Skims a 2019. Ɗan takarar Big Brother kuwa ba shi da irin wannan iko a kan kyamarar da ke ɗaukarsa.