Musayar waƙa: Dina Teresa da rawar Severa

Malam Mai Alƙalami:
Assalamu alaikum. Batunmu na wannan mako Dina Teresa ce, 'yar wasan Fotugal da ake tunawa da ita saboda fim ɗaya, A Severa (1931) na Leitão de Barros, fim na farko mai sauti a ƙasar. Ta taka rawar Maria Severa, mawaƙiyar fado (waƙar gargajiya ta Fotugal) ta unguwar Mouraria a Lisbon, wadda ta rasu a 1846 tana da shekara 26.

Da sunan Allah zan buɗe fage,
'Yan'uwa ku matso kusa mu zauna.
Majigin Fotugal dā bebe ne,
Hoto na motsi, baki ba magana.
Sai Dina ta ɗaga murya a allo,
Lisbon ta ji fadon da take ƙauna.
Tambayata gare ku ita ce wannan:
Rawa ɗaya tak ta isa riƙe suna?

'Yar Damagaram:
Malam, ina gaisuwa, ga amsata,
Tausayi nake ji in na tuna ta.
A dandalin wasa ta fara fitowa,
Waƙa da wasa su ne sana'arta.
Sai Severa ta zo ta lulluɓe ta,
Baƙin mayafi ya rufe kamanninta.
In ka ce Dina, a ce maka wace ce?
In ka ce Severa, a nuna hotonta.
Wadda ta kwanta dama tun 1846
Ta ci sunan mai rai, ta tafi ta bar ta.

Ɗan Zazzau:
Ƙanwata, dakata, ban yarda ba,
Wa ya ci wa? Ki sake dubawa.
Ba wanda ya adana muryar Severa,
Zamaninta babu na'urar naɗawa.
Tarin fuka ya kayar da ita da ƙuruciya,
A kabarin gama-gari aka yi binnewa.
Marubuci Júlio Dantas ya tashe ta a takarda,
Takarda kuwa ba ta iya rerawa.
Dina ce ta ara mata maƙogwaro,
Da fuskar da jama'a za su riƙa tunawa.

Baba Mai Rediyo:
Yara, kun tsallake wahalar,
Bari in faɗa yadda aka yi aiki.
Fotugal ba ta da ɗakin ɗaukar sauti,
Sai Faransa aka nufa, abin mamaki.
A Épinay, gefen Faris, aka naɗi murya,
A gida aka ɗauki fili da doki.
Da fim ya karɓu, a 1932
Aka kafa kamfanin fim na Tobis a Lisbon, aka yi biki.
Muryar yarinyar nan na cikin dalilin
Da aka daina zuwa aro wurin baƙi.

'Yar Damagaram:
Baba, Allah ya ƙara girma, na ji,
Amma Yaya, har yanzu ina kan bakata.
A fim, basarake Marialva ya so Severa,
Sarauta da talauci suka raba shi da ita.
Mawaƙiya Amália Rodrigues ma ta taka rawar nan
A dandali, 1955 ce shekararta.
Ta cire mayafin ta koma Amália,
Duniya na kiranta da sunan kanta.
Dina fa? Ƙasa ta samu kamfani,
Ita me aka bari a hannunta?

Ɗan Zazzau:
Kin kama ni a nan, ƙanwata,
Sunan Amália ya fi nisan zuwa.
Amma waƙar layin Rua do Capelão,
Frederico de Freitas ya yi mata kiɗa da tsarawa,
Har yau tana bakin masu fado,
Amália ma ta ɗauka tana maimaitawa.
Ki nemo fim ɗin ki saurara da kyau,
Ki faɗa mini bakin da ya fara rerawa.