Neman kalma: me za a kira "sikuta" a littafin lambobin rauni?

Uwar Biyu: Assalamu alaikum. Ina fassara ɗan littafin horar da masu ajiye bayanan marasa lafiya, gobe da safe zan miƙa. Babin ICD-10 ne ya tsare ni, kundin nan na Hukumar Lafiya ta Duniya da ya ba kowace cuta da kowane rauni lamba. Wanda ya yi hatsarin abin hawa lamba biyu ake rubuta masa: ta raunin, kamar S52.5 idan ya karye daf da wuyan hannu, da ta abin da ya jawo, mai farawa da V. Na sa "lambar rauni" da "lambar sanadi". Sikuta ce ta gagare ni.

Ɗan Auta: Wa alaikumus salam. Babur ne ai, Anti. Ko ki ce Vespa, kowa ya gane.

Mai Ajiye Kati: Kul, Malama, kada ki sa babur kai tsaye. Aikina ke nan. Abu uku Bature ya haɗa a suna ɗaya, kundin kuwa ya raba su. Akwai mai inji da kujera, irin Vespa ɗin: wannan babur ne, yana cikin V20 zuwa V29. Akwai ɗan allon nan mai ƙananan tayoyi da mariƙi, wanda ake tsayawa a kai ana tunkuɗa ƙasa da ƙafa ɗaya. Mai wannan a cikin masu tafiya a ƙasa ake lissafa shi, sahu ɗaya da mai keken guragu da jaririn da ake turawa. Na uku irin na biyun ne amma da batir, shi ne ma ya sa Amurka ta ƙara lambobi a nata kundin, ICD-10-CM, daga Oktoban 2020: V00.841 ga wanda ya faɗo daga kai, V01.131 ga wanda ya yi karo da keke a kan titi. Kina cewa babur duka, ma'aikaci zai zuba su a rukunin babur, ƙarshen shekara a ce hatsarin babur ya ƙaru alhali ba haka ba ne.

Uwar Biyu: Allah ya saka da alheri, Hajiya. To na kujerar ya tafi a babur. Saura na tsaye.

Tsohon Hedimasta: Masulali. Daga sulala, a ma'aunin mabuɗi, magogi, masassabi. Jam'i masulalai. Na ƙafa, masulalin ƙafa. Na batir, masulalin lantarki. An gama. Abin takaici ne a ce harshe mai wannan ƙa'ida yana bara a ƙofar Turanci.

Ɗan Auta: Allah gafarta Malam, in na ji masulali, ƙofar baya nake gani, inda mai bashi ke sulalewa.

Tsohon Hedimasta: Sulale daban, sulala daban, yaro. Koma ka karanta azuzuwan fi'ili.

Mai Labarai: Ni da zan faɗa a rediyo, tafi-a-tsaye zan ce, a bisa tafi-da-gidanka. Ba wanda zai tambaye ni ma'ana, kuma ya kama ainihin abin da Hajiya ta ce kundin ke dubawa, wato tsayuwa.

Tsohon Hedimasta: Wannan jimla ce, ba suna ba. Ya jam'insa?

Mai Labarai: Ya jam'in hana-salla, Malam? Mutane na saka ta a ka ba su jira jam'i ba.

Baƙon Zaure: Ku bar wahalar da kanku. Mota aro ce, asibiti aro ne, likita aro ne, lambar da muke magana a kai ita ma aro ce. Sikuta ta zauna daram a baki, ta ƙare da wasali, ta ɗauki jinsin mace ba gardama. Me ya rage?

Tsohon Hedimasta: Abin da ya rage kishi. Masu Suwahili pikipiki suke ce wa babur, ba su ji kunya ba. Mu kuwa ɗan boko ya fi jin daɗin a ji Turanci a bakinsa.

Baƙon Zaure: Su ɗin kuma baiskeli suke ce wa keke, ranka ya daɗe, kamar yadda iyayenmu suka ce basukur. Kishin nasu a babur ya tsaya?

Tsohon Hedimasta: Da an tambaye ni lokacin, da basukur bai shigo ba.

Ɗan Auta: Da an tambaye ka, Malam, da har yanzu muna jiran jam'i.

Uwar Biyu: Don Allah jama'a, dare na yi.

Mai Ajiye Kati: Bari in faɗi abin da ya dame ni da masulali, ba raini ba ne, Malam. Mai rubuta lamba ba ya ganin hatsarin. Abin da majinyaci ya faɗa, likita ya rubuta a kati, shi yake bi ya nemo lamba. Majinyacin kuwa sikuta zai ce. In littafi ya ce masulali, kati ya ce sikuta, wanda ke gaggawa zai sa lambar "ba a fayyace ba" ya wuce, bayanin ya salwanta. Sannan Malama, ki kula da keke ma. V10 zuwa V19 na keke mai feda ne kawai. Mai ƙafa uku da inji yana V30 zuwa V39. Kuma lambar tana bin abin da mai raunin yake kai tukuna, sannan abin da ya buge shi: mai tuƙa keke da mota ta kaɗe a titi V13.4 ne, wanda ya goya V13.5.

Mai Labarai: To a haɗa: sikutar tsaye. Ta ƙafa, ta lantarki. Na janye nawa daga littafin, amma a iska zan ci gaba da faɗa.

Uwar Biyu: Ga abin da na rubuta: babur, har da sikuta mai kujera, sikutar tsaye ta ƙafa, sikutar tsaye ta lantarki, keke mai feda.

Tsohon Hedimasta: Kin ɗauki kalmar Bature kin ɗaura mata zane. Aƙalla ki sa masulali a jerin ma'anonin ƙarshen littafi, a san an yi ƙoƙari.

Uwar Biyu: Zan sa, Baba, in mai tacewa ya bari. Hajiya, kafin ki kwanta: bambancin .0 da .4 fa, hatsarin da ya faru a farfajiyar gida da wanda ya faru a hanyar jama'a? "Na kan titi" da "na wajen titi" sun wadatar?

Tsohon Hedimasta: Titi ma sai an duba asalinta.