An hukunta ƙanena kan algus a madarar gari, ko ɗaukaka ƙara zai yi amfani?

Ɗan Tudun Wada:
Assalamu alaikum. Ƙanena yana da shago a kasuwar Sabon Gari, inda yake sayen buhun madarar gari ya ƙulla a leda yana sayar wa masu shayi. Jami'an duba-gari sun ɗebi samfuri, gwaji ya nuna an gauraya ta da garin sitaci, kuma a makon jiya kotun majistare ta same shi da laifi ta ci shi tara. Ya rantse mini cewa a ɗinke ya sayo buhun daga wani dila, kuma na yarda da shi, domin da ita ake dama wa 'ya'yansa koko. Shin ɗaukaka ƙara zai wanke shi?

Malamin Shari'a:
Wa alaikumus salam. Malam, ku ga lauya a cikin makon nan, domin wa'adin ɗaukaka ƙara daga majistare zuwa Babbar Kotun jiha gajere ne, kuma yana fara gudana tun ranar yanke hukunci. Kotun sama ba ta sake sauraron shaidu daga farko. Kundin shari'ar da aka yi a ƙasa take dubawa. Saboda haka lauyan zai nemi sanin ko an rufe samfurin a gaban ƙanenka, ko hannun wa da wa ya bi kafin ya isa ɗakin gwaji, da kuma ko an ba shi damar ƙalubalantar rahoton. Idan ya miƙa rasidin dilan tun a majistare, yana da abin riƙo. Idan bai miƙa ba, shigar da shi yanzu sai da izinin kotu. Bayan Babbar Kotu akwai Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Kaduna, wadda wa'adin ɗaukaka ƙara zuwa gare ta kwana 90 ne a shari'ar laifi.

Uwar Biyu, Samaru:
Allah ya fitar da shi idan yana da gaskiya, amma Yaya, ku duba ɓangarenmu mu iyaye. A Sin, a 2008, madarar da aka zuba wa sinadarin melamin ta kashe jarirai shida, ta jefa kusan 300,000 cikin rashin lafiya, kuma shugabar kamfanin madara na Sanlu ta ɗaukaka ƙara amma ɗaurin rai-da-rai ya tabbata a kanta. Madarar da aka fasa buhunta aka ƙulla a leda ba ta ɗauke da lambar NAFDAC ko ranar lalacewa, mu kuwa muna saye ne bisa amana.

Ɗan Tudun Wada:
Gaskiya kika faɗa, Hajiya. Jiya na ɗiga aidin a kan ragowar da ke gidansa bayan na dama ta da ruwa, nan take ta koma shuɗi mai duhu, alamar akwai sitaci a ciki, jikina ya yi sanyi. Malam, rasidin yana nan a aljihun shagon, amma ba a nuna wa alƙali ba. Gobe da safe zan kai wa lauya shi tare da buhun.